Matambayi Ba Ya Ɓata: Mai Lambu, Tiyo da Finafinan Bebaye na Faransa

Assalamu alaikum. Tun da wani guntun fim mai baƙi da fari ya fara yawo a wayoyin jama'a, wanda wani ja'irin yaro ke take wa mai lambu tiyo, ban huta ba. Da yake an san na yi shekara talatin da ɗoriya ina koyar da Faransanci a nan Katsina, sai ake ganin duk abin da ya fito daga Faransa a aljihuna yake. Har a ƙofar masallacin unguwarmu an tare ni da shi bayan la'asar. Na tsamo saƙonni biyar da suka shafi batun. Mai tambayar yadda ake neman gurbin karatu a Maraɗi ya yi mini haƙuri sai fitowa ta gaba.

TAMBAYA: Malam, ni malamin firamare ne a Mai'aduwa. Na nuna wa 'yan aji biyar fim ɗin mai lambu a wayata, suka yi ta ƙyaƙyata dariya. Wanda ya turo mini ya rubuta cewa Faransawa sun ƙago fim ne don koya wa mutanen ƙauye tarbiyya, kuma tun da aka sa wa fim murya ya lalace. Haka ne? Kuma me ya hana su magana?

AMSA: Malam, sannu da fama da alli, Allah ya ba da lada. Wanda ya turo maka saƙon nan ya ɗebo gaskiya cikin cokali ne ya zuba mata gishiri mudu guda.

Sunan fim ɗin L'Arroseur arrosé, wato mai ban ruwa ya sha ban ruwa. An ɗauke shi a 1895, aikin wa da ƙane ne, Ogust da Luwi Lumiyer, mutanen birnin Liyon. Ga wanda bai gani ba: mai lambu na shayar da shuka, yaro ya lallaɓo ta baya ya take tiyo, ruwa ya ɗauke. Mai lambu ya juyo da bakin tiyon yana leƙen abin da ya toshe shi, yaro ya ɗage ƙafa, ruwa ya wanke masa fuska har hula ta yi nata wuri. Ya bi yaron ya kamo, ya ɗan sassama masa. Ƙurunƙus. Bai cika minti guda ba. Ita kanta kalmar tiyo daga Faransanci muka aro ta, su tuyau suke rubutawa.

Wurin da aka ɗauki hoton ba ƙauye ba ne, lambun gidan su Lumiyer ne, gidan masu hali, mai lambun kuma ma'aikacinsu ne na gaske. Mahaifinsu na da masana'antar kayan ɗaukar hoto, su kuma sun ƙera wata na'ura mai ɗaukar hoto mai motsi ta kuma haska shi a bango. Kasuwa suke nema mata. Ranar 28 ga Disamba 1895 suka kama wani ɗaki a ƙarƙashin gidan shan gahawa na Grand Café a Faris, suka sa kuɗin shiga faran guda, abin da 'yan'uwanmu na Maraɗi ke kira tamma. Mutum 33 ne suka biya a ranar farko. Finafinai 10 aka nuna: ma'aikata suna fitowa daga masana'anta, maƙera suna dukan ƙarfe, ana ba jaririya abinci, da shi wannan mai lambu. Babu mai wa'azi ko ɗaya a ciki.

To daga ina darasin ya shigo? Ni a ganina ƙuncin lokaci ne ya haife shi. Na'urar ba ta ɗaukar fiye da mita 17 na zaren fim, da hannu ake juya ta, hoto kamar 16 ke wucewa a daƙiƙa guda. Kafin ka ƙirga hamsin zare ya ƙare. Ka ce an ba ka daƙiƙa hamsin, an ɗaure maka baki, an ce ka ba da labari taron mutane su gane. Wane labari za ka iya? Sai na wanda ya yi laifi aka kama shi a take. Ko kuma ka ɗauko labarin da kowa ya riga ya sani, yadda in na ce maka Gizo ya shiga gonar sarki, ba sai na gaya maka ƙarshen ba.

Su ma suna da nasu Gizon. Wani mawaƙi, La Fonten, ya tsara tatsuniyoyin dabbobi a waƙe tun 1668, kuma bayan dokokin 1881 da 1882 sun mai da firamare kyauta kuma dole, ɗan manomi da ɗan attajiri duk haddarsu suke yi a aji. Shi ya sa masu fim suka yi ta ɗiba daga can. Joj Meliyes, wani mai rufa-ido da ya koma harkar fim, ya yi na gyare da tururuwa a 1897, wanda gyare ya kwana waƙa da damina, tururuwa na tara hatsi. Wannan ya ɓace, sai sunansa. A 1905 kamfanin Pathé ya fito da na kaza mai ƙwan zinariya, lokacin an iya haɗa zare har fim ya wuce minti goma. Wani baƙauye ya ci kaza a cacar kasuwa, ta yi ta saka masa zinariya, haɗama ta sa ya yanka ta, ya tashi a tutar babu. Darasi ne, babu musu. Amma duk wanda ya kalle shi zai ga inda aka fi kashe kuɗi: kaji suna rikiɗa su zama 'yan mata masu rawa, ga launi an shafa. Darasin kamar ganyen da ake naɗe alkaki ne, abin da aka zo saya yana ciki.

Wanda ya fi kama da wa'azi na sosai shi ne na mashayin giya da Fardinan Zeka ya yi wa Pathé a 1902. Magidanci yana zaune lafiya da iyalinsa, abokai suka ja shi mashaya, caca ta biyo baya, gida ya tsiyace, ya ƙare a gidan mahaukata. Sai dai shi ma leburan birni ne, ba manomi ba.

Maganar rashin murya kuwa, ba tsoron Allah ba ne ya hana su, dabarar daidaita sauti da hoto ce ba ta nuna ba. Sun yi ta gwaji da faifan garmaho, amma sai wajen 1927 a Amurka abin ya kankama, Faransa ta biyo baya cikin shekara biyu zuwa uku. Kuma kada ka ɗauka shiru ake yi a wurin kallo. Yawancin waɗannan finafinai a rumfunan bukin kasuwa ake nuna su, masu yawo gari gari suna sayen zaren da awon mita kamar yadi, har sai da Pathé ya koma bayar da haya a 1907. A rumfar akwai mai kiɗa, akwai kuma wani mai baki da suke kira bonimenteur, kusan sanƙiranmu ke nan. Shi zai tsaya gefen farin ƙyalle yana cewa ga wane, ga abin da ya ce, ga abin da zai same shi. Fim ɗaya, in a zauren coci aka nuna shi ya zama gargaɗi, in a kasuwa ne ya zama abin dariya. Bakin mai bayani ne ke yanke hukunci.

Abu ɗaya ya rage, kuma shi ya sa saƙon abokin naka ya ɗan sosa mini rai. A 1899, shekara huɗu kacal bayan mai lambu, wata rundunar Faransa a ƙarƙashin hafsoshi biyu, Bule da Shanwan, waɗanda littattafai ke rubutawa Voulet da Chanoine, ta ratso ƙasar Hausa ta arewa da mu tana ƙona garuruwa. Birnin Ƙonni ya ga tashin hankali, a Lugu Sarauniya Mangu ta tare su, sai a kusa da Tasawa nasu sojojin suka juya musu suka kashe su. Kakata ta wajen uwa 'yar Tasawa ce, kuma har ta rasu ba ta son jin ina karanta Faransanci da ƙarfi a tsakar gida. Saboda haka ka nuna wa yara fim, su yi dariyarsu, ka tambaye su wa ya fi laifi tsakanin yaron da mai dukansa. Amma kada ka ce musu ga mutanen da suka koya wa duniya tarbiyyar ƙauye.

TAMBAYA: Baba, ni ɗaliba ce daga Ƙofar Marusa. Na ji an ce mace ce ta fara shirya fim mai labari a duniya. Yayana ya ce ƙaryar 'yan boko ce. Ka raba mu.

AMSA: 'Yata, ki gaya wa yayanki ya sassauta. Matar ta wanzu, sunanta Alis Gi, a rubuce Alice Guy. An haife ta a 1873. Sakatariya ce a ofishin Leyon Gomon, mai kamfanin Gaumont da ke sayar da kayan hoto. Ta ga finafinan da ake yi duk jirgin ƙasa ne da faretin soja, ta roƙi maigidanta ya bar ta ta gwada ba da labari. Ya yarda, bisa sharaɗin kada aikin ofis ya kwanta. Daga nan ta zama ita ce shugabar shirya finafinan kamfanin har 1907, lokacin da ta yi aure ta tafi Amurka. Can ma ta kafa nata kamfanin, Solax, a 1910. Ta rasu a 1968 tana da shekara 94, bayan ta daɗe tana ganin ana jingina wa maza ayyukanta.

Inda yayanki yake da ɗan abin kamawa shi ne kalmar "fara". Ita ta ce ta yi fim ɗinta na farko a 1896, kwafin da ya rage a hannu kuwa na 1900 ne, masana na ta ja-in-ja a kai. Ko a 1896 ɗin ne, mai lambun su Lumiyer ya riga shi da shekara guda, kuma shi ma labari ne. Abin da ba a musu a kai shi ne ita ce mace ta farko da ta riƙe wannan sana'a, kuma tana sahun farko na masu ba da labari da fim, maza da mata.

Fim ɗin nata, La Fée aux choux, aljanar kabeji ke nan. Faransawa in yaro ya tambayi daga ina aka samo jariri, sai su ce masa maza a cikin kabeji ake tsintarsu, mata a cikin furen wardi, yadda mu muke cewa an sayo shi a kasuwa. To sai ga wata mata cikin ado a lambu, tana zaro jarirai na gaske daga bayan manyan kabeji na katako tana ajiyewa a ƙasa. Da na nuna wa uwargidana, ba ta ga abin sha'awa ba ko kaɗan. Cewa ta yi, wace irin mace ce za ta ajiye jinjiri a ƙasa haka babu ko zane, yana ta wutsil-wutsil?

Wanda zan so ki nema shi ne La Marâtre na 1906, wato matar uba. Mutum ya rasa matarsa ya sake aure, amarya tana lallashin yaron a gaban uban, in ya ba da baya ta hau shi da duka, har ranar da tabon jikinsa ya tona asiri. Babu kalma ko ɗaya, amma duk wanda ya taso da tatsuniyar 'yar bora da 'yar mowa ba ya bukatar tafinta. Ki lura da fuskar matar lokacin da mijin ya juya baya. A daƙiƙa guda take sauyawa.

TAMBAYA: Malam, ni dattijo ne a Rafindaɗi, ɗana ne ya rubuta mini wannan. Da na ga fim ɗin nan sai na tuna majigin da muke kallo a filin Kangiwa muna yara. Ashe dama daga Faransa ake kawo mana su?

AMSA: Alhaji, Allah ya ƙara girma, ka taɓo mini inda ke mini ƙaiƙayi. Ba daga Faransa ba ne, namu na Ingilishi ne. Amma ba a banza ka ga kama ba.

Ita kalmar majigi daga sunan wata fitilar Turawa ta samo asali, wadda ake sa gilashi mai zane a gabanta ta haska hoto a bango, tun kafin a san hoto mai motsi. Fim ya fara sauka Najeriya a Legas, a zauren Gulova, a 1903, shekarar da Turawa suka shigo Katsina. Gidan silima bai iso Kano ba sai 1937, kuma mutane suka sa masa suna dodon bango, malamai na ƙyamarsa. Majigi kuwa bai sha wannan tsangwama ba, don da yardar sarki yake zuwa, a fili ake yi, kuma kyauta.

Wanda ya ɗora shi a kan turba wani jami'in tsafta ne Bature, Wiliyam Salas, da ya fara amfani da fim a Legas wajen ƙarshen shekarun 1920 don yaƙi da annobar da ɓeraye ke yaɗawa. A 1939 Ingila ta kafa sashen shirya finafinai don ƙasashen da take mulka, aka ba shi ragama. Shi ya shimfiɗa ƙa'idar cewa a yi komai a hankali, kada a yi wasa da na'ura, don a zatonsa baƙar fata ba zai iya bin labari mai sarƙaƙiya ba. Raini ne tsagwaronsa. Daga nan aka samu salon da ka sani: mutum biyu, mai hankali da wawa. Mai hankali ya bi shawarar malamin gona, ya sa taki, ya kai ɗansa lamba, rumbunsa ya cika. Wawa ya ƙi ji, ya ƙare da talauci. Daga baya gwamnatin Jihar Arewa ta ci gaba da abin, da su Baban Larai mai kwaɗaitar da noman zamani, da hotunan tafiye-tafiyen Sardauna.

Ni ma na sha ƙurar Kangiwa, Alhaji, wataƙila ma mun taɓa gogayyar wurin zama. Tun da hantsi motar ke zagaya gari, mu kuma muna binta a guje har mu manta da aiken da aka yi mana. Ana sallame isha'i inji ya tashi, farin ƙyalle ya haska, ƙwari su taru a hasken. Amma in ka tambaye ni yau abin da ke cikin finafinan, kaɗan zan iya kawowa. Mai bayani nake tunawa, da lasifikarsa. Da wawan manomi ya bayyana sai ya ce, "To jama'a, ga Bahaɗeje nan ya fito," fili ya kaure da shewa. Abokan wasanmu na Haɗeja masu karanta wannan shafi, na san ku ma a can Bakatsine ake cewa, don haka mun yi kunnen doki. Baturen da ya tsara fim ɗin a Landan bai san da wannan ba. Shi ya aiko darasin taki, mu mun kwana muna wasan dangi.

Ka ga sanƙiran rumfar Faransa da mai lasifikar Kangiwa sana'arsu ɗaya. Su ma Faransawa sai daga baya gwamnatinsu ta shiga aika wa manoma fim da gangan: ma'aikatar gonarsu ta buɗe taskar finafinan koyarwa a 1923, kamfanin Pathé kuma ya fito da ƙaramar na'ura ta musamman don ƙauyuka a ƙarshen shekarun 1920. Kafin ƙidayar 1931 mutanen karkara sun fi na birni yawa a Faransa, to dole a neme su, ko don ƙuri'a ko don aljihunsu.

TAMBAYA: Ina ake samun sauran finafinan? Na bincika ban ga da yawa ba. Daga wani mai gyaran waya a Sabon Layi.

AMSA: Ɗana, mafi yawansu sun tafi. Zaren da ake amfani da shi a lokacin yana kama wuta kamar fetur, in ya tsufa kuma ya narke ya zama gari. Tun 4 ga Mayu 1897 aka san haɗarin harkar, ranar da fitilar na'urar haska fim ta tayar da gobara a wata kasuwar sadaka a Faris, mutum sama da 120 suka mutu, akasarinsu mata. Ban da haka, babu wanda ya ɗauke su abin adanawa. Meliyes ya yi fim kusan 500, kamar 200 ne suka tsira. A lokacin yaƙin duniya na farko an narkar da wasu don a cire azurfar ciki, sauran a yi dunduniyar takalma. Da ya karye, shi da kansa ya cinna wa nasa wuta a 1923, ya koma sayar da alewa da kayan wasan yara a tashar jirgin ƙasa ta Monfarnas.

Su Lumiyer ne suka yi dace. Hotunansu sama da 1,400 kusan duka suna nan, hukumar UNESCO ta sa su cikin kayan tarihin duniya a 2005, titin da masana'antarsu take a Liyon kuma yanzu sunansa Titin Fim na Farko. Ka rubuta sunayen da na ambata a YouTube yadda na rubuta su da Faransanci, ba sa cin data. In ka ga mai launi sumul kamar jiya aka ɗauka, aikin kwamfuta ne na yanzu. Launin asali mata ne ke shafa shi, hoto bayan hoto, shi ya sa za ka ga yana ɗan rawa yana fita daga layi.

TAMBAYA: Baba Malam, ni matashi ne a Daura, ni da abokaina muna yin gajerun bidiyon barkwanci muna sawa a TikTok da Facebook. Yawanci na baƙauye ne da ya shigo birni. Akwai abin da za mu koya daga waɗannan tsofaffin?

AMSA: Akwai, ɗana, amma bari in fara da abin da ba na so ku koya, ko da yake na ga kun riga kun iya. Baƙauye ya shigo birni yana ƙauyanci, wannan tun 1905 Pathé ya yi shi, baƙauyen Faransa a titunan Faris. 'Yan birni ne ke riƙe da na'ura, saboda haka mutumin karkara iri biyu ne kawai a wurinsu: ko wawa abin dariya, ko salihi mai haƙuri abin tausayi. Na kalli biyu daga cikin bidiyon da ka turo mini. Mutumin da kuka sa wa yagaggiyar riga yana tsoron firji, ina kuka taɓa ganinsa? Manomin Sandamu ko Baure da na sani yana da waya, ya san farashin taki da canjin sefa fiye da ni da kai, kuma geron da kuka yi fura da shi kafin ku fita ɗaukar hoto daga gonarsa ya fito.

Wanda ya ɗan kauce wa wannan hanya shi ne Luwi Fuyad, a rubuce Feuillade, wanda ya gaji kujerar Alis Gi a Gaumont. Shi ɗan ƙaramin gari ne a kudancin Faransa, ya san halin wurin. A 1911 ya fara jerin finafinai da ya kira rayuwa yadda take, na farkonsu Les Vipères, wato macizai. Wata mata ce aka kora daga gidan haya, wani mutumin kirki ya ɗauke ta aiki a gidansa, sai bakin mutanen gari ya tashi. Ba wanda ya ɗaga mata hannu. Kai ake haɗawa, a yi raɗa, a bi ta da ido, har zaman ya gagara ta bar garin. Babu dodo, kuma ba a hukunta kowa ba. Ka gaya mini wace unguwa ce a Daura ba za a gane wannan ba? Ga labari a bakin rijiya da majalisar mai shayi, kun tsallake shi kuna neman firji.

Sai na biyu. An ruwaito cewa a fim ɗin ba jaririya abinci, abin da ya fi ɗaukar hankalin 'yan kallon farko ba jaririyar ba ce, ganyayen bishiyar da ke bayanta ne, da iska ke kaɗawa. Sun saba ganin mutum na motsi a dandalin wasa, amma ba su taɓa ganin iska a hoto ba. Cikin hotunan su Lumiyer akwai na mata suna ƙona ciyawa a gona, hayaƙi na tashi yana rufe su yana buɗewa, akwai na masu wanki a bakin kogi. Ba labari, ba darasi, amma ni su nake komawa in kalla. Wayar da ke hannunka ta fi na'urarsu sau dubu. Kaka na zuwa. Ka je masussuka ka tsaya inda iska ke bi, ka ɗauki mata suna shiƙa, ƙaiƙayi na tashi cikin hasken yamma, minti guda ba tare da ka ce kowa ya yi wani abu ba. Ka nemi izininsu tukuna.

Ka kuma gwada wannan da abokanka: ku ɗauki bidiyo ɗaya ku kashe sautinsa, ku miƙa wa wata tsohuwa a gidanku. In ta gane wa ya yi laifi da abin da ya same shi, labarin ya tsayu. In sai kun yi mata bayani, to surutu ne ke ɗauke da ku.

Jikata mai shekara tara ce ta nuna mini wani abu a fim ɗin mai lambu da ni ban taɓa lura da shi ba duk shekarun nan. Ta ce, "Kaka, me ya sa bai duke shi a can inda ya kama shi ba?" Na mayar da fim ɗin baya. Ashe yaron ya gudu har ya kusa ɓacewa daga hoto, mai lambu ya kamo shi a can gefe, sannan ya jawo shi har tsakiya kafin ya fara dukan. Na'urar a kafe take a kan ƙafafunta, ba ta juyawa, to dole a kawo mata hukuncin gabanta. Yana gamawa ya saki yaron, ya ɗauki tiyonsa ya ci gaba da ban ruwa.